Ƙafar Kafinta, Motar Hedimasta

Ranar Talata da hantsi mota ta kwashe mijina a gaban shagon masu fenti. Kafinta ne. Ya ɗaura ƙofofi biyu a kan kekensa zai kai wa wani mai gini, yana turawa a gefen titi, gefen ma can inda kwalta ta ƙare. Motar ta bar titi duk faɗinsa ta bi shi har can. Waɗanda suka gani sun ce direban ya fito, ya dubi mijina a ƙasa, ya dubi mutanen da suka fara taruwa, sai ya cire takalmansa ya riƙe a hannu, ya ce ƙafa me na ci ban ba ki ba. Har yau ba wanda ya sake ganin ƙeyarsa. Motar ya bar ta nan, ƙofa a buɗe, rediyo na ta waƙa.

Ni ina gida a kan keken ɗinki aka zo aka faɗa mini. Labule nake ɗinkawa, shi ne sana'ata, kuma duk layinmu Uwar Biyu ake kirana saboda tagwayen 'yan matanmu. Na tarar da shi a barandar asibiti, don ɗakin maza ya cika, an naɗe ƙafarsa ta dama daga gwiwa zuwa ƙasa, jini ya ɓullo ta wuri uku. Da ya gan ni, abin da ya fara tambaya shi ne ko an tsare masa ƙofofin mutane.

"Ana ta kai, wa yake ta kaya?" na ce. "Kwanta, Baban Biyu."

A rana ta uku likitan ƙashi ya zo, wani gajere mai magana yana rubutu, ba ya ɗaga kai. Ya ce ƙashin ya karye wuri huɗu, naman ya dagargaje, jini ba ya isa yatsu yadda ya kamata. Ana iya ceton ƙafar idan an yi tiyata an sa ƙarfe an gyara jijiya, amma ba a nan ake yi ba, sai babban asibitin kuɗi. Ya yage wata 'yar takarda ya rubuta abin da za a biya ya miƙo mini.

"Daga ranar da abin ya faru, mako uku nake ba ku," in ji shi. "In ya wuce, ban yi alkawarin komai ba."

Na dubi abin da ya rubuta. Ko na sayar da keken ɗinkina da gadonmu da zarto da gudumarsa duka, ba mu kai rabi ba. Dangi sun zo, sun yi jaje, kowa ya ajiye abin da ya sawwaƙa a ƙarƙashin matashi, kuma duk a allura da bandeji ya tafi.

A barandar nan wani lauya ya same ni. Ban neme shi ba. Irinsu a barandar asibiti suke kiwo, kamar ungulu a mahauta. Baƙar kwat, jakar fata, turare mai hawa kai. Ya kira ni Hajiya, ni da ko ƙofar filin jirgi ban taɓa leƙawa ba. Ya ce ba zai karɓi sisina ba yanzu, sai an ci, sannan kashi ɗaya cikin uku nasa ne.

Na ce, "A ci wa? Direban ya gudu."

"To sai me? Motar ta gudu ne?" Ya yi murmushi. "Hajiya, mota tana da lamba, lamba tana da suna, suna yana da gida. 'Yan sanda sun duba takardar inshorar da ke cikinta, ta mutu shekara huɗu ke nan, don haka ba kamfanin da zai biya. Saura mai mota. Shi doka ta sani."

Na sa masa hannu a kan gwiwata. Bayan kwana biyu ya dawo da takarda daga ofishin rajistar motoci, ga suna ga adireshi.

Na tafi da wutata. A hanya ina ta tsara zagin da zan yi wa mai ƙaton ciki a bayan babban get, har na tanadi wanda zan yi wa maigadinsa. Muka isa ƙarshen wani layi, muka tarar da ƙaramin gida mai ɗaki uku, shuɗin fentinsa na ɓarewa, da wani tsoho cikin singileti yana ba tumatir ruwa a gwangwanayen madara. An ɗaure hannun tabaransa da zare. Yaran layin suka ce shi ne, Hedimasta, ya yi ritaya tuntuni amma sunan ya bi shi.

Ya shigar da mu falo, ya sa matarsa ta kawo ruwa. Akwai kantar littattafai, da agogon bango, da hotunan ɗalibai aji aji a jere. Ni idona wajen labule ya tafi, sana'a ba ta barin mutum. An juya su ne, ƙasa ta koma sama, don a ɓoye inda rana ta cinye, kuma da allurar hannu aka kalmashe bakin. Duk wadda ta yi wannan ta san zafin kuɗin yadi.

Ya karanta takardar sau biyu, yana bin layi da yatsa.

"Motata ce," ya ce. "Wato ta taɓa zama tawa. Shekara tara ke nan da na sayar da ita."

"Wa ka sayar wa, Baba?" in ji Lauya.

"Ƙanin matata. Dillalin motoci ne."

"Madalla. Sai a nuna mana takardar ciniki, da ta canjin suna."

Tsohon ya cire tabarau ya shiga gogewa da gefen singileti. "Takarda, tsakanina da shi? A gidan nan ya girma, ni na sa shi makaranta. Na ce masa mu je ofis a canza suna, sai ya ce, 'Haba Yaya, yanzu ni za ka kai ofis kamar wani bare?' Na ji kunya. Na miƙa masa makulli da takardun a cikin leda, ya ce zai yi daga baya."

Mutumin da ya shekara talatin da biyar ba ya ba malami kwalin alli sai ya sa hannu a littafi, shi ne ya ba da mota sukutum a kan kunya. Na yarda da shi tun kafin ya rufe baki. Wannan nake so a sani, don kada wani ya yi mini uzuri. Tun ranar farko na san tsohon nan bai taɓa mijina ba, kuma bai san wanda ya taɓa shi ba.

Washegari ya kira ƙanin matar tasa, muka sake haɗuwa a falon. Dillali ya shigo da waya biyu a hannu ɗaya, makullin mota na juyawa a yatsan ɗaya hannun. Ya durƙusa ya gaida yayarsa har ƙasa, ya gaida Hedimasta, ya yi mini jaje da murya mai taushi. Sannan aka faɗa masa abin da ya tara mu.

"Wace mota?" ya ce. "Au, tsohuwar nan? Yaya, ai aro ka ba ni na mako biyu, na dawo maka da ita. Ba kai ka ce za ka ba wani direba ya riƙa yi maka haya ba?"

"Ni?"

"Tsufa ne, Yaya. Allah ya sa mu ma mu kai."

Hedimasta ya kawar da kai daga gare shi. Ya juya wajen matarsa, tana zaune a bakin kujera, hannuwanta a cinya.

"Ke kika karɓi kuɗin a kan teburin nan," ya ce. "Ke kika ƙulle su a ɗankwali. Faɗa musu."

Ba ta ɗaga kai ba. "Malam, na manta. Shekara tara ba kwana tara ba ce."

Sai wayar Dillali ta yi ƙara, ya ce a yi masa afuwa ana jiransa a wajen aiki. Da muka zo fita, tsohuwar ta biyo ni bakin ƙofa ta kama gefen mayafina. Ta ce, "'Yar nan, uwa ɗaya uba ɗaya muke da shi, shi kaɗai ya rage mini. Hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar." Na fizge mayafina na wuce. Lauya kuwa har da fito a mota. Ya ce wannan rigimarsu ce ta cikin gida, su ƙarata, mu suna muka sani.

Kwana tara da hatsarin, ranar Alhamis, ina kan keke ina neman na abinci da ɗinkin da na yi wa mutane alkawari, sai na ji sallama. Hedimasta ne, cikin riga mai guga, da wata tsohuwar jakar makaranta a hammata. Na ba shi kujerar roba. Ya zauna, ya dubi ɗakinmu, katifar tagwaye a jingine da bango, tukwane a ƙarƙashin tebur.

"Na je asibiti, 'yata," ya ce. "Yana barci, ban tashe shi ba. Na ga ƙafar. Na kuma je babban asibitin na tambayi abin da za a biya." Ya dafa jakar. "Ina da wani ɗan fili da na saya da kuɗin sallamata. Maƙwabcina ya daɗe yana so. Ya ba ni kuɗin jiya, a kan za mu yi takardu daga baya. Sun yi daidai da kuɗin aikin. Gobe da safe mu je tare in biya a tagar asibitin da hannuna, a shiga da shi."

Na tsayar da keken.

"Ban buge mijinki ba," ya ce, "amma sunana ne a jikin abin da ya buge shi, kuma sakacina ne ya bar shi a wurin. Abu ɗaya nake roƙo. Na rubuta takarda cewa daga wannan magana ta ƙare tsakanina da ku. Ki sa hannu."

Da a ce na miƙa hannu a lokacin, da ba ni da labarin da zan ba kowa. Sai na ce bari in kira Lauya. Mutumin da sai na kira shi sau biyar yake ɗauka, ranar cikin minti goma sha biyar ya iso, yana haki. Ya ja ni waje bakin famfon tsakar gida, inda matan gidan hayarmu suke wanke-wanke sun baza kunnuwa.

"Hajiya, kada ki yanka kanki da kanki," ya ce ƙasa ƙasa. "Kuɗin aiki kawai? To bayan aikin fa? Shekara guda ba zai ɗaga guduma ba. Wa zai biya haya? Makarantar yaran nan fa? In kika sa hannu kin rufe ƙofa har abada. Mutumin da ya kawo wannan da ƙafarsa ba a matsa shi ba, yana da ninkinsa biyar. Gidan nan nasa ne, na bincika. Litinin za a zauna a kotu, kwana huɗu kacal, zan roƙi alƙali ya sa a biya kuɗin aikin nan take, sauran ya biyo baya."

"Likita ya ce mako uku."

"Mako ukun likita wata biyu ne. Tsoratarwa suke yi don a kawo kuɗi da wuri. Nawa na gani?"

Sai daga baya na gane abin da ya sa shi gudu: kuɗin da aka biya a tagar asibiti ba ya da kashi ɗaya cikin uku. Amma ba zan ɗora masa duka ba. Na ga gidan nan. Tun ranar farko idona ya auna tagoginsa, har na san yadi nawa kowace za ta ci. Shekara goma sha huɗu muna layin banɗaki ɗaya da gida biyar, ga shi an ce mini ninki biyar. Kuma raina a ɓace yake, ina son wani ya ji zafi kamar yadda nake ji, ko ma wane ne.

Na koma ɗaki na ce, "Baba, ka biya kuɗin aikin, a bar maganar takarda. In an je kotu a cire daga diyyar."

Ya girgiza kai a hankali. "Sau ɗaya na ba da abu ba takarda, 'yata, kin ga inda ya kai ni. Ba zan ƙara ba."

"To ɗauki jakarka. Ƙafar mijina ba kayan gwanjo ba ce da za ka zo har ɗakina ka yi mata farashi. Mu haɗu a kotu."

Da ƙarfi na faɗa, don matan bakin famfo su ji. Ya miƙe, ya gyara jakar a hammata, ya tsaya yana laluben takalminsa a bakin ƙofa da ƙafa, ni kuwa ina kallo ban tura masa ba. Da yamma na kai wa Baban Biyu abinci. Ya tambaye ni ko akwai labari, na ce babu, Lauya na kan aiki.

Litinin muka je kotu, aka ce alƙali ya tafi taro, an ɗage mako guda. A cikin makon ne ƙaramin yatsan ya fara baƙi. Daga shi sai na kusa da shi. Wari ya fara tashi, irin wanda ba ya fita daga tufafi ko an wanke. A ɗakin maza da aka shigar da shi, mai gadon da ke kusa ya roƙi nas a matsar da shi, aka tura gadon mijina can lungu kusa da taga. Shi kuwa ba ya ƙorafi. Yakan ce mini, "Uwar Biyu, ji nake kamar tururuwa na yawo a ciki, wataƙila warkewa ce."

Litinin ta biyu alƙali ya zauna. Wani tsohon ɗalibin Hedimasta da ya zama lauya ya tsaya masa kyauta, ya roƙi a shigo da Dillali cikin ƙarar. Namu ya miƙe ya zuba magana mai tsawo, ya nemi a biya kuɗin aiki nan take, ya kuma nemi a hana tsohon sayar da duk wata kadara tasa har a gama shari'a, don kada gidan ya sulale. Alƙali ya ba da na biyun a take. Na farkon ya ce sai an ji kowane ɓangare, a dawo bayan mako uku. Lauya ya juyo ya kashe mini ido, alamar mun ci rabi.

Mako uku. Ranar kwana ashirin ke nan da hatsarin. Daga kotu ban bi ta gida ba, na tafi ƙarshen layin nan da gudu gudu sauri sauri, mayafina na jan ƙasa. Na buga ƙofa har hannuna ya yi zafi. Ya buɗe, bai ce in shiga ba.

"Baba, na tuba. Kawo takardar in sa hannu. Ko goma ne zan sa."

"Kuɗin na maƙwabcina ne," ya ce. "Na mayar masa ranar da kika kore ni, tunda ba a yi cinikin ba."

"Ka koma ka karɓo. Don Allah, don darajar iyayenka."

"Ba kya cikin kotu ɗazu? Lauyanki ya sa an hana ni sayar da ko allura. In na taɓa filin nan gidan yari zan kwana." Ya dube ni ta saman tabarau. "Ke kika ɗaure hannuna, 'yata. Da me zan miƙo miki?"

Na durƙusa a kan simintin ƙofarsa na yi kuka kamar wadda aka yi wa mutuwa. Ya tsaya ya jira na gama, sannan ya rufe ƙofa a hankali. Na kira Lauya ya je a janye umarnin, ya ce ba a janye irin wannan sai a zama na gaba, kuma in daina zuwa gidan abokin shari'a, ina ɓata masa aiki.

A kwana na ashirin da shida aka yanke ƙafar, sama da gwiwa. Ni na sa hannu a takardar amincewa. Gajeren likitan ya karɓi biro ɗinsa ya wuce. Da Baban Biyu ya farfaɗo ya kai hannu ya shafa wurin, ya daɗe yana kallon silin, sannan ya ce, "Haka Allah ya rubuta. Kin yi iya ƙoƙarinki, Uwar Biyu." Na fita baranda na yi amai.

Kwana biyu bayan haka Lauya ya zo da ledar lemo. Ya yi jaje, ya yi addu'a mai tsawo, ya kira ni gefe.

"Ba daɗin faɗa, Hajiya, amma ƙarar ta canza aji. Karaya daban, rasa ƙafa daban. Diyyar ta ninka." Ya zaro sabuwar takarda daga jaka. "Nan da nan za ki sa."

Na dube shi, na ga ko kunya babu a idonsa, sai lissafi. Na yi niyyar tofa masa yawu. Amma tagwaye na gidan yayata an fara yi musu gori, mai gidan haya ya aiko neman kuɗinsa sau biyu, mijina ba zai sake hawa tsani ba. Na karɓi biro na sa hannu a kan akwatin maganin da ke gefen gadon, na san sarai gidan wa nake sa wa hannu.

Wata bakwai aka yi ana kai da komo. An kira matar Hedimasta, ta yi rantsuwa, ta ce ta manta. Dillali ya zo da shaidu biyu masu sabbin riguna suka ce sun ga ranar da ya mayar da motar. Alƙali ya ce shi takarda ya gani, kuma suna ɗaya ne a kanta. Aka yi gwanjon gidan da filin. Wani abokin Dillali ne ya saye gidan a arha, kowa ya san da kuɗin wa. Tsohuwar ta koma wajen ƙanin nata, shi kuma Hedimasta na ji an ce ya kama ɗaki ɗaya a bayan makarantar da ya taɓa shugabanta. Lauya ya cire nasa, ya cire wasu da ya kira kuɗin zirga-zirga, ya miƙo mana saura. Kura da shan bugu, gardi da kwasar kuɗi. Abin da ya iso hannunmu ya ishe mu kama gida mai banɗakinsa, da ɗan shago a gaba inda Baban Biyu yake yin ƙananan kujeru a zaune.

A shagon nan Hedimasta ya same mu, wata ranar Asabar bayan azahar. Ya rame, wuyan rigarsa ya yi masa yawa, amma da gugarta. Ina daga ciki ina yanka yadi, mijina na bakin ƙofa a kan benci yana goge wata 'yar kujera, sandunansa a jingine da bango. Da ya gane shi ya yi ta maza ya jawo masa kujera.

"Baba, sannu da zuwa. Wallahi na daɗe ina son ganinka. Ka yafe mana. Doka ce ta yi, ba mu ba. Ni na san ba ka da hannu."

"Na gode, ɗana," in ji tsohon. Ya zauna, ya tambayi jiki, ya tambayi yara, ya yaba kujerar, har ya juya ta ya duba haɗin. Ni almakashi ya tsaya a hannuna. Sannan ya sa hannu a aljihu ya zaro takarda a ninke huɗu.

"Ina kwashe kaya na tsinci wannan. Na ga taka ce, don a kan ƙafarka aka rubuta ta. Ka iya karatu?"

"Kaɗan kaɗan, Baba."

"To bari in karanta maka."

Ya gyara tabarau, ya karanta da muryar aji, a hankali, yana tsayawa a kowace aya. Ya karanta kwanan wata. Ya karanta cewa shi, mai suna a takardar motar, zai biya kuɗin tiyata gaba ɗaya a tagar babban asibiti washegari da safe. Ya nuna masa inda asibitin ya buga hatimi a kan farashin, ya nuna sa hannunsa, ya nuna layin da ke ƙasa, fari fat.

"Nan matarka za ta sa hannu. Da kuɗin na je ɗakinku, a jaka. Ta ce in ɗauki jakata." Ya ninke takardar ya ɗora a kan bencin. "Kwana tara ne da hatsarin. Likita ya ba ku ashirin da ɗaya. Kai kafinta ne, ka iya awo. Saura nawa?"

Mijina ya zuba wa takardar ido.

"Saura nawa, ɗana?"

"Sha biyu," ya ce, da kyar aka ji.

"Daidai." Tsohon ya miƙe, ya kakkaɓe bayan rigarsa. Ya leƙo ciki ya dube ni, ba fushi a fuskarsa, ba komai. "Sai an jima, 'yata. Gidan ya yi kyau."

Na ji takunsa har ya ɓace. Na fito na tsaya a bakin ƙofa, almakashin na hannuna har lokacin.

"Gaskiya ne, Uwar Biyu?"

"Lauya ne ya ce..."

"Ban tambaye ki Lauya ba."

"Gaskiya ne."

Ya gyaɗa kai. Na so ya yi ihu, ya jefe ni da kujerar, ya sake ni, ko me. Sai ya tambaya a hankali, kamar mai tambayar farashin ƙusa, "A ranar, yatsun suna motsi?"

"Suna motsi," na ce.

Ya ɗauki takardar ya sa a aljihun gaba. Ya miƙa hannu zai jawo sandunansa, ɗaya ta zame ta bugi ɗayar, duka biyun suka faɗi can nesa da benci. Na yi wuf zan ɗauko masa.

"Bari," ya ce.

Na tsaya. Ya dafa bencin ya sauko ƙasa, ya zauna cikin garin katako. Sannan ya ja jiki da hannu biyu, ya wuce ta gaban ƙafafuna, ya shiga ɗaki.